Yadda Ake Haɗa Kanuchi, Kunun Gargajiya na Al'ummar Cherokee

Kanuchi abinci ne na al'ummar Cherokee ta Amurka, kuma an fi saninsa a yankin Tahlequah da ke jihar Oklahoma, inda kakanninsu suka yada zango bayan da gwamnati ta kore su daga ƙasarsu ta kudu maso gabas a shekarun 1838 da 1839. Wanda ya saba da kunun gyaɗa ba zai ga baƙon abu ba, sai dai a nan 'ya'yan itacen hickory ake dakawa, waɗanda ɓawonsu ke da tauri ƙwarai.

Da kaka ake tsinto 'ya'yan bayan sun zubo, a shanya su na 'yan makonni har su bushe. Daga nan a riƙa fasa su ɗaya bayan ɗaya da dutse ko guduma, a zubar da duk wanda tsutsa ta ci, domin ɓatacce guda yana iya lalata ɗanɗanon tukunya gaba ɗaya. A tsince manyan ɓawo, amma kada a ɓata lokaci a kan ƙanana, tun da ƙwayar tana maƙale ne a cikin lungunan ɓawon, kuma babu mai haƙurin da zai iya raba su.

Sai a zuba a turmin da suke kira kanona, wato gungumen itace da aka fafe, a yi ta daka har mai ya fito, dakakken ya fara kama jikinsa. A nan aikin yake, kuma a ganina wanda ya yi gaggawa zai sha kunu salam. Idan ya yi laushi, a dunƙule shi kamar curin fura, girman lemu, a ajiye a wuri mai sanyi.

Ranar dafawa a saka curi ɗaya cikin kimanin lita ɗaya ta tafasasshen ruwa, a dama har ya narke, sannan a tace da rariya mai ƙananan idanu don kada ɓawo ya haɗu da haƙori. A mayar da tataccen ruwan kan wuta kaɗan har ya yi kauri kamar madara. Bisa al'ada ana zuba masarar da aka dafa da ruwan toka har ta saki dusarta, ko da yake gidaje da dama yanzu dafaffiyar shinkafa suke sawa. Wasu da sukari suke sha, wasu kuwa gishiri suke barbaɗawa, kuma da zafinsa ake raba shi.