Bashin gida: kurakuran lissafin da ke sa mutum ya biya kuɗin gida biyu

Yawancin masu neman lamunin gida tambaya ɗaya suke yi wa ma'aikacin banki: nawa za a riƙa cira a albashina duk wata? Da an faɗi adadin, suka ga albashi zai ɗauka, sai su sa hannu. Tambayar da ta fi wannan nauyi ita ce nawa zan biya jimilla daga watan farko zuwa na ƙarshe, kuma nawa ne ke rage ainihin bashin a cikin kuɗin kowane wata. Kusan duk sauran kurakuran daga rashin yin wannan tambayar suke tasowa.

Ɗaukar cewa duk abin da ka biya yana rage bashin

Kuɗin wata kashi biyu ne a haɗe: kuɗin ruwa da uwar kuɗi. Banki yana fara cire ruwan da ya hau kan ragowar bashin a wannan watan, abin da ya saura ne kawai ke taɓa uwar kuɗin.

A ɗauki bashin Naira miliyan 10 a kan ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, wanda shi ne ruwan lamunin Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, da Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke kula da shi. Idan wa'adin shekara 30 ne, kuɗin wata zai kama kusan Naira 59,955. Ruwan watan farko kana iya fitar da shi da kanka: kashi 6 na miliyan 10 shi ne 600,000, a raba gida 12, ya ba da 50,000. Ke nan daga cikin 59,955 da aka cire maka, 9,955 ne kaɗai suka rage bashin. A wata na biyu ana lissafa ruwan a kan 9,990,045, sai ya ragu da kusan Naira 50, kason da ke rage uwar kuɗi ya ƙaru da daidai hakan. A haka ake tafiya, da ɗan kaɗan da ɗan kaɗan.

Bayan shekara 10 za ka tarar ka zuba kusan miliyan 7.19, amma har yanzu ana bin ka kusan miliyan 8.37. Sai an shiga shekara ta 19 kafin kason uwar kuɗi ya fi na ruwa yawa a cikin biyan wata. Ranar da ka gama, ka biya kusan miliyan 21.58 a kan miliyan 10.

Ba cuta ba ce banki ya yi maka, tsarin lissafin ne haka. Inda ake cutuwa shi ne rashin saninsa, musamman ga wanda ya yi niyyar sayar da gidan bayan 'yan shekaru yana zaton ya ci rabin bashin. Kafin sa hannu ka nemi jadawalin biya a rubuce, wanda ke nuna kowane wata da ruwansa da uwar kuɗinsa da ragowar bashi. Ka duba layin farko da lissafin da ke sama. Idan bai yi daidai ba, mai yiwuwa akwai wani caji da aka cusa a ciki, ka nemi a faɗa maka sunansa.

Zaɓen wa'adi mafi tsawo don kuɗin wata ya yi sauƙi

Wannan bashin na miliyan 10 a kashi 6, idan aka mayar da shi shekara 20, kuɗin wata 71,643 ne, jimilla kuma kusan miliyan 17.19. Ƙarin 11,688 a wata ya tsare maka kusan miliyan 4.4. A shekara 15 kuɗin wata 84,386 ne, jimilla kusan miliyan 15.19.

A ruwa mai sauƙi irin wannan, mai ƙaramin albashi yana da hujjar tsawaita wa'adi. Inda abin ya zama asara tsantsa shi ne a bashin bankunan kasuwanci, waɗanda ruwansu ya daɗe yana haura kashi 20. A kashi 24, miliyan 10 na shekara 10 kuɗin watansa kusan 220,481 ne, jimilla miliyan 26.46. Ka ninka wa'adin zuwa shekara 20, kuɗin wata ya sauko zuwa 201,741 kawai, amma jimilla ta kai miliyan 48.42. Sauƙin 18,740 a wata ka saya da kusan miliyan 22. A watan farko na wannan bashin, Naira 200,000 ruwa ne, 1,741 kacal ke rage uwar kuɗi. Duk lokacin da ruwa ya yi sama, ƙarin shekaru ba ya rage kuɗin wata sosai, bashin kawai yake kumburawa.

Ka sa banki ya buga maka wa'adi uku daban-daban a takarda ɗaya, kowanne da kuɗin watansa da jimillarsa, ka ɗauki mafi gajarta da albashinka zai jure ko a watan biyan kuɗin makaranta. Ka kuma tuna shekara 30 ɗin NHF iyaka ce, ba kowa ke samunta ba, domin ana so a gama biya kafin ritaya. Ma'aikacin gwamnati mai shekara 45 da zai ajiye aiki yana da 60, shekara 15 ce a gabansa, in ma bai cika shekara 35 yana aiki ba kafin nan, wanda shi ma ke kawo ritaya.

Kwatanta kashi da kashi ba tare da sanin yadda ake lissafa su ba

Hanya biyu ake lissafa ruwa. Akwai wanda ake ɗora wa ragowar bashi, yana raguwa yayin da kake biya, kamar misalan da suka gabata. Akwai kuma na bai-ɗaya, wanda ake ɗora wa dukan kuɗin da ka karɓa tun farko har zuwa ƙarshen wa'adi, ko da ka biya kashi uku cikin huɗu. Wannan na biyun ya fi yawa a wajen wasu masu gina rukunin gidaje da ƙungiyoyin gama kai da ƙananan masu ba da rance.

Miliyan 5 a kashi 15 na shekara 5: a tsarin ragowar bashi kuɗin wata 118,950 ne, ruwan duka kusan miliyan 2.14. A tsarin bai-ɗaya ruwan 750,000 ne sau 5, wato miliyan 3.75, kuɗin wata 145,833. Wannan kashi 15 ɗin daidai yake da kusan kashi 25 a ɗaya tsarin. Saboda haka wanda ya guje wa kashi 20 na banki ya tafi ga kashi 15 na bai-ɗaya, mai tsada ya ɗauka. Haka nan wanda aka ce masa kashi 3 a wata, kashi 36 ne a shekara.

Rashin karanta sharaɗin sauya ruwa

A farkon 2024 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Najeriya yana kashi 18.75, kafin shekarar ta ƙare ya kai 27.5. Masu bashin da takardarsu ta ba banki damar sauya ruwa gwargwadon yanayin kasuwa sun ji a jikinsu. A bashin miliyan 10 na shekara 20, tashi daga kashi 20 zuwa 24 yana ɗaga kuɗin wata daga kusan 169,900 zuwa 201,700. Ka nemo wannan sharaɗin a takardar tayi, ka tambayi da me ake auna sauyin, sau nawa a shekara, da kwanakin sanarwa. Sannan ka lissafa kuɗin wata da ƙarin kashi 4 a kan wanda aka ba ka. Idan a haka zai haura kashi ɗaya cikin uku na abin da ke shigo maka, bashin ya fi ƙarfinka tun yanzu.

Jinkirta ƙarin biya, ko yin sa ba tare da umarni a rubuce ba

Tunda ruwa a kan ragowar bashi yake hawa, kuɗin da aka ƙara da wuri ya fi aiki nesa ba kusa ba. A bashin miliyan 10, kashi 6, shekara 30, ƙarin 10,000 duk wata yana sa a gama cikin kusan shekara 21, a tsira da kusan miliyan 4. Miliyan 1 da aka zuba gaba ɗaya a ƙarshen shekarar farko, aka ci gaba da biyan wata yadda yake, tana yanke kusan shekara 6 da rabi, ta kawar da ruwan fiye da miliyan 3 da rabi. Wannan miliyan 1 ɗin idan aka jira sai ƙarshen shekara ta 25, ruwan da za ta kawar bai kai 300,000 ba.

Abin da ke ɓata wannan dabarar shi ne a tura kuɗin kawai cikin asusu. Wani bankin zai ajiye su a matsayin biyan watanni masu zuwa, uwar kuɗi tana nan yadda take, ruwa yana hawa. Ka rubuta wasiƙa cewa a cire su daga uwar kuɗi, ka bayyana kana son a rage wa'adi ne ba kuɗin wata ba, ka karɓi sabon jadawali. Tun kafin sa hannu ma ka duba ko akwai tarar biya kafin lokaci.

A nan akwai abin lura da ya shafi Najeriya. A 2024 hauhawar farashi ta wuce kashi 30. Bashin da ruwansa ke tsaye a kashi 6 nauyinsa raguwa yake yi a irin wannan yanayi, domin 59,955 na shekara 15 masu zuwa ba za ta sayi abin da take saye yau ba. Don haka mai bashin NHF da ke da wani bashin mai ruwa kashi 25 a gefe, mai kashi 25 ɗin ya kamata ya fara kashewa, ya kuma ajiye kuɗin biyan wata uku zuwa shida saboda jinkirin albashi, sannan ya waiwayi ƙarin biya. Mai bashin kashi 24 kuwa, duk rarar da ya samu can ta fi amfani.

Zaton cewa lamuni marar ruwa ba ya buƙatar lissafi

Mutanenmu da yawa ba sa kusantar bashin ruwa saboda haramcin riba, sai su nufi bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012, da TAJ da Lotus da suka biyo baya. Kuskuren shi ne a ɗauka tunda babu riba, babu tsadar wa'adi. A murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar maka da ƙarin ribar ciniki da aka yanke tun farko, kuma tsawon wa'adi yana cikin abin da ake dubawa wajen yanke ta. Farashin ba ya ƙaruwa bayan an ƙulla, amma idan ka biya da wuri rangwame ba dole ba ne, ganin damar banki ne, don haka ka tambayi al'adarsu tun farko. A tsarin haya mai ƙarewa da mallaka, da na tarayya mai raguwa inda kake sayen kason banki a hankali kana biyan hayar ragowar, ka tambayi ko ana sake duba kuɗin hayar da kuma lokacin da ake yi. A tarayya mai raguwa, saurin sayen kason banki yana rage hayar da za ka biya. Tambayar jimilla tana nan daram a dukkansu.

Kuɗaɗen gefe da kafin alƙalami

Kuɗin duba takardu, kuɗin mai kimanta gida, na lauya, harajin hatimi, rajistar jingina, inshorar gobara da ta rai, duk suna zuwa ne ban da kuɗin gidan. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta amincewar gwamna kafin a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka, wannan ma da kuɗinsa da jiransa, ko a KANGIS, hukumar filaye ta Kano, ko a KADGIS ta Kaduna. Idan aka tura waɗannan kuɗaɗen cikin bashin, su ma ruwa zai hau kansu har ƙarshen wa'adi: a kashi 6 na shekara 30, kowace 100,000 tana zama kusan 216,000. In da hali a biya su hannu da hannu.

Kafin alƙalami mai kauri yana rage komai. Tun 2022 Hukumar Fansho ta Ƙasa ta ba mai asusun fansho damar amfani da abin da bai wuce kashi 25 na ajiyarsa ba don wannan, matuƙar an zuba masa na aƙalla wata 60. Sai dai kuɗin tsufanka ne ka taɓa, ka auna da kyau. Abin da bai dace ba ko kaɗan shi ne cin bashin gaggawa mai ruwan wata-wata don haɗa kafin alƙalami, domin watannin farko za su same ka da bashi biyu.

Masu NHF kuma su tabbatar kashi 2.5 da ake cira a albashinsu yana isa asusun. Takardar albashi tana nuna an cire ne kawai, ba ta nuna an tura ba. Ka karɓi bayanin asusunka daga FMBN kafin ka fara neman gida, domin giɓin watanni kan tsayar da takardun mutum bayan ya riga ya biya mai gida wani abu. Bayan an fara biya ma, duk shekara ka karɓi takardar ragowar bashi ka gwada ta da jadawali, musamman idan daga ofis ake cire maka, saboda jinkirin turawa kan jawo tarar da za a rubuta da sunanka.

Ranar da ka yi biyan ƙarshe, ka karɓi wasiƙar cewa ba a bin ka komai, da takardar sakin jingina, da ainihin takardar shaidar mallakarka, sannan ka kai takardar sakin ofishin filaye a yi mata rajista. Idan ba a yi haka ba, kundin gwamnati zai ci gaba da nuna gidan a jingine, kuma sai ranar sayarwa ko rabon gado matsalar za ta fito.