Yadda ake hawan dutsen Longonot daga Nairobi a yini ɗaya tare da ɗan jagora

Duk wanda taro ko karatu ko sayayya ta kai shi Nairobi, ya kuma samu rarar yini guda, zai iya yin sallar asuba a cikin gari, ya yi azahar a bakin dutse mai aman wuta, ya dawo masaukinsa kafin isha'i. Dutsen shi ne Longonot, wanda ke cikin kwarin Rift, kudu maso gabas da tafkin Naivasha. Tsayinsa mita 2,776 ne daga doron teku, kuma ana jin cewa rabonsa da yin amai tun wajen shekarun 1860. Har yanzu akwai wuraren da tururi ke fita daga jikin bangon raminsa. Hukumar kula da namun daji ta Kenya, KWS, ita ke riƙe da gandun dajin da dutsen yake ciki.

Ba sai kana da igiya ko wata ƙwarewa ba, ƙafa ce kawai da numfashi. Abin da ke ɓata wa mutane tafiyar shi ne makara da safe, da kuma rashin yanke shawara tun daga gida kan iyakar inda za a kai.

Ka fara da sanin tafiyar da za ka yi

Hawan Longonot kashi biyu ne. Daga ƙofar gandun zuwa bakin ramin kilomita 3.1 ne. Zagaye bakin ramin kuma kilomita 7.2 ne. Idan ka haɗa hawa da zagaye da saukowa, za ka yi kimanin kilomita 13 da rabi, kuma mai matsakaicin ƙarfi yakan ci awa huɗu zuwa biyar, wani ma shida. Ƙofar tana kan mita 2,150 ko kusa da haka. A lissafi ke nan mita ɗari shida da 'yan kai za ka hau. Sai dai bakin ramin ba a miƙe yake ba, ka hau ka sauka ka sake hawa, don haka abin da gwiwa za ta ji ya fi abin da lissafi ya nuna.

Wanda ya taso daga Kano ko Maraɗi, inda ƙasa ba ta kai mita 500 daga doron teku ba, ya sani cewa Nairobi kanta tana kan mita 1,700 da wani abu. Kada ka sauka daga jirgi yau ka ce gobe sai Longonot. Ka bari ka kwana biyu ko uku a gari, jiki ya saba da iskar. Mai hawan jini, mai ciwon zuciya ko asma ya tambayi likitansa tukuna. Mai azumi kuwa ya ɗage tafiyar zuwa wata rana, domin babu inuwa sosai a hanya, kuma ƙishi a can ba na wasa ba ne.

Game da lokaci, ruwan sama mai yawa yana sauka daga Maris zuwa Mayu, ƙarami kuma daga Oktoba zuwa Disamba. Janairu da Fabrairu, da kuma Yuni zuwa Satumba, su ne watannin da hanya ta fi bushewa. Da damina hanyar santsi gare ta, da rani kuma ƙura. Ni dai na fi son ƙurar, domin ita wanka ke raba ka da ita.

Neman ɗan jagora

Hanya biyu ce. Ko ka bi kamfanin yawon buɗe ido ko ƙungiyar masu hawan dutse da ke fita daga Nairobi, musamman ranakun Asabar da Lahadi, su ɗauke ka a mota su kai ka su dawo da kai. Ko kuma ka kai kanka bakin ƙofa ka ɗauki jagora daga cikin waɗanda ke jira a wurin. Hanyar hawan dutsen a fili take, ba za ka ɓata ba, shi ya sa wasu ke ganin kuɗin jagora asara ne. Ban yarda da su ba, musamman ga baƙo a karon farko. Akwai ɓauna a gandun, kuma jagora ya san inda take kiwo da yadda ake kauce mata. Ya san inda ƙasa ke zaizayewa a gefen ramin. Idan hadari ya taso daga wajen Naivasha, shi zai fara ganewa. Idan kuma ƙafarka ta gurɗe, shi ke da lambar jami'an gandun.

Kafin ka biya ko sisi, ka yi masa waɗannan tambayoyi ta waya ko ta WhatsApp, kuma ka sa ya amsa a rubuce. Kuɗin da ya faɗa ya haɗa da kuɗin shiga gandun ko ban da shi? Wannan ita ce tambayar da ta fi haddasa gardama a bakin ƙofa, saboda farashin ɗan ƙasa daban ne da na baƙo, kuma tallan da kake gani yawanci da farashin ɗan Kenya aka rubuta shi. Ka gaya masa fasfon ƙasar da kake riƙe da shi tun farko. Sannan mutum nawa ne a ayarin, jagora nawa ne? Ayarin mutum talatin da jagora ɗaya, wanda ya gaji a baya babu mai waiwayarsa. Jagora biyu ake so, ɗaya a gaba ɗaya a ƙarshe.

Tambayar da ta fi duka ita ce: za a zagaye bakin ramin, ko iyakarmu bakinsa mu juyo? Mutane da yawa sai sun kai sama suke gane cewa rabin ayarin na son zagaye, rabi kuma ya gaji, motar kuma ɗaya ce. Ka ji yadda suke yi idan haka ta faru. Jagora na gari zai ce maka akwai lokacin da idan ba a kai bakin ramin ba, to babu zagaye ranar. Wanda ya ce maka "babu damuwa, ko yaushe ne za mu yi" ka nemi wani.

Kayan da za ka ɗauka

Ruwa lita biyu zuwa uku, domin babu mai sayarwa a sama. Ka zuba shi a gorar da ake wankewa a sake amfani da ita. Tun watan Yunin 2020 Kenya ta haramta shiga gandayen daji da robar ruwa da ake sha a yar, ledar zuba kaya kuwa an haramta ta a ƙasar baki ɗaya tun 2017. Takalmi mai ƙarfin tafi wanda ƙafarka ta riga ta saba da shi, ban da silifas da takalmin ofis. Hular rana, tabarau, da rawani ko ɗankwali na rufe hanci. Riga mai kauri ta safe, saboda sanyin asuba a garin Limuru da ke kan hanya yana shiga ƙashi, sannan da rana ka cire ta ka sa a jaka. Dabino, gyaɗa, ayaba da burodi sun isa guzuri.

Mata su sa dogon wando mai faɗi da riga mai kaiwa gwiwa, da hijabi madaidaici. Doguwar abaya tana harɗe ƙafa a wuraren da sai an dafa ƙasa da hannu.

Ka tafi da fasfonka na ainihi. KWS ba ta karɓar tsabar kuɗi a ƙofa, ana biya ne ta shafin gwamnati na eCitizen, da M-Pesa, wato biyan kuɗi ta waya, ko katin banki. Ka biya tun ana gobe tafiya, ko ka tabbatar jagoran ya biya, don kada ka tsaya kana fama da intanet a bakin ƙofa rana tana hawa. Ka riƙe ƙananan shilin, kuɗin Kenya, a aljihu don ɗan acaɓa da ihsanin jagora.

Fita daga Nairobi

Ƙarfe shida na safe ta same ka a hanya. Agogon Kenya yana gaban na Najeriya da Nijar da awa biyu, ka duba wayarka ta gyara kanta. Tafiyar awa ɗaya da rabi ce zuwa biyu idan babu cunkoso. Ana bin babbar hanyar Nakuru, bayan an kai wajen Limuru a karkata zuwa tsohuwar hanyar da ke gangarawa garin Mai Mahiu. A nan ƙasa ke buɗewa gaba ɗaya, ka hango kwarin a ƙarƙashinka, Longonot a gaba, dutsen Suswa can gefen hagu. Akwai wuraren tsayawa da masu sayar da fatun tumaki da barguna. Ka bari sai a dawowa. Kusa da gindin gangaren akwai wani ɗan ƙaramin coci da fursunonin yaƙi 'yan Italiya suka gina a 1942 lokacin da aka sa su aikin hanyar. Hanyar ƙunci gare ta, manyan motoci kuma sun cika ta, kada ka matsa wa direba ya wuce su.

Mai tafiya da kansa zai hau ƙaramar bas ta haya da suke kira matatu, mai zuwa Naivasha ta Mai Mahiu. Ka tabbatar ta ƙasan ce, don akwai masu bi ta hanyar sama waɗanda ba sa ratsa garin Longonot. Daga garin sai ɗan acaɓa, boda boda a bakinsu, ya ƙarasa da kai ƙofa. Ka karɓi lambarsa saboda dawowa.

Hawan kansa

Farkon hanyar shimfiɗaɗɗe ne, cikin ƙaya da ciyawa, inda akan ga jakin dawa da barewa, wani lokaci har raƙumin dawa. A nan mutane ke yaudarar kansu su yi sauri. Ba da jimawa ba tudu zai miƙe, kuma ƙasar toka ce mai laushi haɗe da tsakuwa mara nauyi, irin dutsen goge kaushi, ka taka gaba ta ja ka baya. A wasu wurare ruwa da ƙafafun mutane sun ci hanyar har ta zama kwazazzabo mai kai ƙugu, a wasu kuma an yi matakalar siminti. Za ka ji jagora yana ta faɗin "pole pole", wato sannu sannu. Ka yi gajerun taku, ka sha ruwa kaɗan kaɗan tun kafin ƙishi ya kama ka. Akwai rumfar hutawa a tsakiyar hanya, da wata a bakin ramin. Awa ɗaya zuwa ɗaya da rabi ta isa kaiwa can.

Ramin ba ya nuna kansa sai ka zo dab da shi. Faɗinsa ya kusa kilomita biyu, bangonsa a tsaye, ƙasansa kuwa kurmi ne kore shar. Idan ka juya baya ga tafkin Naivasha da rumfunan gonakin furanni a gefensa. Can gaba kuma kana iya hango tururin Olkaria, inda Kenya ta fara samar da wutar lantarki daga zafin ƙarƙashin ƙasa a 1981, kuma a yau kaso mai tsoka na wutar ƙasar daga nan yake fitowa.

A wannan rumfa ake yanke shawara. Ka duba agogo, ka duba gorarka, ka ji gwiwarka. Idan rana ta take, ko ruwanka bai kai lita ɗaya da rabi ba, ko kanka na sarawa, ka zauna ka ci guzurinka ka sauka, ka ga abin da aka zo gani. Zagayen ba shi da hanyar yanke, da zarar ka yi nisa ko dai ka ƙarasa ko ka koma ta inda ka fito. Yakan ci awa biyu zuwa uku. Wurin da ya fi wuya shi ne hawa ƙololuwar da ake kira Kilele Ngamia, inda hanya ke shiga wani matsattsen lungu mai ƙura, sai da hannu da ƙafa. Ka bar wa jagora zaɓin ɓangaren da za a fara. Kada ka matsa gefen ramin don ɗaukar hoto, ƙasar wurin tana iya zubewa ba tare da wata alama ba.

Idan azahar ta same ka a sama, ka tuna alƙibla a Kenya arewa take, da ɗan karkata kaɗan zuwa gabas, ba gabas ɗin da muka saba fuskanta a gida ba. Babu ruwan alwala a kan dutsen, sai wanda ka hau da shi, don haka ka yi alwalarka a ƙofa ko ka ware ruwanta daban.

Saukowa ta fi hawa cin gwiwa, kuma a nan aka fi faɗuwa. Ka riƙa taka ƙasa da dunduniya, ka bar tazara tsakaninka da na gabanka saboda ƙura da tsakuwa. Matasan Nairobi za su wuce ka a guje, ka ba su hanya. Ana rufe ƙofa da ƙarfe shida na yamma, amma ka yi niyyar barin wurin kafin uku, tun da hanyar Mai Mahiu ba ta da daɗi da dare.

Idan an yi maka tayin ƙari

Wasu kamfanoni suna haɗa Longonot da gandun Hell's Gate, inda ake yawo a kan keke, a yini ɗaya. Idan ka zagaye ramin, ba za ka samu ƙarfin taka keke a can ba, gara ka ba shi ranarsa daban. Kuma idan ka je, kada ka shiga kwazazzabon Ol Njorowa alhali akwai hadari ko da a nesa ne. A watan Satumban 2019 ambaliya ta faɗo cikinsa ba zato ta kashe mutum bakwai, har da jagoransu.

Wanda Longonot ta yi masa daɗi kuma yana da wata Asabar, sai ya nemi Suswa. Raminta biyu ne, ɗaya cikin ɗaya, ga koguna da narkakken dutse ya bari bayan ya kwarara. Ƙasar ƙabilar Masai ce, su ke kula da wurin, su ake biya, kuma daga cikinsu ake ɗaukar jagora. Hanyar shiga ba ta da kwalta, sai mota mai ƙarfi mai jan ƙafa huɗu, kuma ka sa tocila mai kyau a jaka saboda kogunan.