Darasi na 7: Haɗa Salati da Kayan Lambun Lokacin Ɗari

Daga watan Disamba zuwa Fabrairu, wani lokaci har cikin Maris, kasuwannin Maradi kan cika da ɗanyen ganye. Tun da asuba amalanke da babura suke shigowa daga Sumarana da Jiratawa da Tibiri da gefen tafkin Madarunfa, ɗauke da salati, wanda wasu ke kira latas, da shu ko kabeji, da karoti, da tumati. Gulbin Maradi ba ya gudu sai da damina, amma yana barin ruwa kusa a ƙarƙashin fadama, shi masu lambu suke ja su yi ban ruwa. Noman rani ya ƙara ƙarfi a Nijar bayan farin 1984, lokacin da gwamnatin Seyni Kunce ta ƙarfafa wa jama'a gwiwa su shiga lambu don cike giɓin hatsi.

A wannan lokaci kayan suka fi araha, kuma suka fi daɗi. Da zafi ya shigo, salati yakan yi tsiri ya miƙe sama, ganyensa ya yi ɗaci. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shawara babban mutum ya ci aƙalla giram 400 na kayan lambu da ƴaƴan itace a kowace rana. Gidaje da yawa ba sa kaiwa ko kusa da haka idan tsada ta zo, don haka a ci a ƙoshi tun ganye yana arha.

A kasuwa

A je da safe, kafin rana ta bugi kaya. Salati mai kyau ganyensa a tsaye yake, idan aka karya shi sai ya yi ƙas. Wanda ya langaɓe, ko gindinsa ya yi baƙi yana yauƙi, a bar shi ko da an rage kuɗi. Tumatin miya daban, na salati daban: a nan ana son mai tauri wanda bai fashe ba, domin ta wurin tsagar nan ƙazanta take shiga. Karoti ƙanana sun fi manya zaƙi. Albasa kuwa, idan an samu ta Galmi mai launin shuɗi-ja, an dace.

A karanta wannan hira da ƙarfi, mutum biyu-biyu:

"Baba, ina kwana? Ina gajiya?"

"Lafiya lau, ɗiyata. Ga salati na yau, da asuba na tuge shi."

"Yaushe aka yi masa feshin magani?"

"Wannan ban fesa masa ba. Shu ɗin ne na fesa wa, an fi mako biyu."

"To, ba ni na dala ashirin, a yi mini gyara."

Tambayar nan ba rashin kunya ba ce. Kowane maganin ƙwari yana da kwanakin da ake jira tsakanin feshi da ɗiba, kuma a rubuce suke a jikin kwalba ko leda. Mai lambun da ya iya karatu yana iya dubawa da kansa. Wanki yana rage maganin da ke saman ganye, amma ba ya fitar da shi duka.

Wanki

A nan aikin yake, a nan kuma aka fi yin sakaci. Miyar kuka ko ta yakuwa tana tafasa a kan wuta, zafi ya kashe ƙwayoyin cuta. Salati ba ya ganin wuta. Abin da ya kwaso daga taki, da ruwan ban ruwa, da ƙurar hanya, da hannun mutane a kasuwa, duk zai tafi ciki idan ba a wanke shi sosai ba. Ta haka ake ɗaukar gudawa, da atuni, da zazzaɓin taifot, da tsutsar ciki. Mutanen wannan jiha ba su manta da cutar amai da gudawa da ta ɓarke a yankin Madarunfa a 2018 ba.

Da farko mai aikin ya wanke hannunsa da sabulu. A cire ganyen waje wanda ya taɓa ƙasa, a ba awaki. A yanke gindin, a ware ganyen ɗaya bayan ɗaya, domin ƙasa a matse-matsin gindi take ɓuya. Masu tsoma kan salati gaba ɗaya cikin roba su karkaɗe shi, jiƙa shi kawai suka yi.

A zuba ruwa mai tsabta, irin wanda ake sha, a babbar roba. A sa ganyen, a murza kowanne a hankali da yatsu. Sai a tsamo ganyen daga ruwan zuwa wani kwano. Kada a tsiyaye ruwan ganye yana ciki, domin yashin da ya kwanta a ƙasa zai sake hawa kansa. A zubar, a sake sabon ruwa, har sai an duba gindin robar ba a ga yashi ba. Yawanci sai an yi sau uku.

Bayan haka a jiƙa shi minti 10 zuwa 15 cikin ruwan da aka ɗiga wa jabel (wato ruwan bilic mai kashe ƙwayoyin cuta), ko aka sa wa ƙwayar tsabtace ruwa irin Aquatabs, sannan a ɗauraye da ruwan sha. Ƙarfin jabel ya bambanta daga kwalba zuwa kwalba, saboda haka a bi abin da aka rubuta a jikinta, ko a kai ta wurin ma'aikacin lafiya na unguwa ya nuna yawan ɗigon da ya dace. Ba a amfani da jabel mai ƙanshi, ba a kuma gauraya shi da omo ko ruwan tsami.

Wasu sukan ce tunda za a sa jabel, me ya sa za a wahala da murzawa? Dalili shi ne ƙwan tsutsar ciki yana da ɓawo mai tauri, jabel ba ya kashe shi. Hannu da ruwa ne suke kankare shi daga ganye. Ɗan gishirin da ake barbaɗawa a ruwan wanki kuma bai isa ya kashe ƙwayoyin cuta ba, duk da yadda aka saba da shi a gidaje.

Tumati da tattasai a wanke su tun ba a yanka ba. Karoti a kankare, kokwamba a fere. Wuƙa da faranti da aka yanka ɗanyen nama ko kaza a kai, kada su taɓa salati sai an wanke su da sabulu.

Saura abu guda: a tsane ganyen. A zuba shi a matsami ko kwando mai tsabta, a rufe da tsumma mai kyau saboda ƙuda, a bar shi ya ɗige. Man da za a zuba a salati ba ya kama jiƙaƙƙen ganye, sai ya zame ya taru a gindin kwano.

Yanka

Don mutum shida, a tanadi salati kai 2, tumati 4, karoti 2, kokwamba 1, tattasai ɗanye 1, albasa 1, da ɗan yankin shu idan ana so. Salati a yayyaga shi da hannu. Shu a yanka shi siriri ƙwarai, in ba haka ba tauna za ta gajiyar da tsofaffi. Karoti a goga a magogi. Albasa a yanka ta zobe-zobe, a matsa mata ɗan lemun tsami a ajiye gefe, zafinta zai ragu.

Ruwan haɗi

Salatin biki a garin nan yakan zo a lulluɓe da mayonez har ba a gane ganyen. Ga tsada, ga nauyi a ciki, ga saurin lalacewa idan ya zauna cikin zafi. A ganin mai wannan darasi, ganyen da aka tuge da asuba bai cancanci a binne shi haka ba. Abin da yake bukata yana cikin gida:

man gyaɗa mai kyau, babban cokali 4
ruwan lemun tsami, babban cokali 2
ruwan sha, babban cokali 1
gishiri mai aidin, rabin ƙaramin cokali
tafarnuwa ƙwaya 1, dakakkiya
masoro kaɗan

A fara narkar da gishirin cikin ruwan lemun tsami, domin gishiri ba ya narkewa a mai. A sa tafarnuwa da masoro da ruwan. Sannan a zuba man, a kaɗa da cokali har ya yi kauri-kauri ya canza launi. Wanda yake da ƙaramar kwalba mai murfi ya zuba duka a ciki ya girgiza, ya fi sauri. Idan ya zauna zai rabu, mai a sama, tsami a ƙasa. Bai lalace ba, a sake kaɗawa. In babu lemun tsami, binegar yana yi, amma a rage shi kaɗan don ya fi kaifi.

A sunsuna man kafin a zuba. Man da ya daɗe ya yi wari, ko wanda aka riga aka yi suya da shi, ɓata salati yake.

Kada a ce za a bar man gaba ɗaya don neman lafiya. Sinadarin da ke cikin karoti da koren ganye, wanda jiki yake mayarwa bitamin A mai taimakon ido, sai da ɗan mai hanji yake iya tsotse shi sosai. Lemun tsami da tumati kuma suna da bitamin C, wanda yake taimaka wa jiki ya ɗauki sinadarin ƙarfe da ke ƙara jini. Shayi akasin haka yake yi, don haka mai ciki da mai ƙarancin jini su ɗan jinkirta shi bayan cin abinci. Gishiri dai a yi hankali: abin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙayyade wa babba bai kai giram 5 a rana ba, wajen ƙaramin cokali guda ke nan, har da na miya da na dunƙulen magi. Salatin nan ba ya bukatar magi.

Ba a zuba ruwan haɗi sai masu ci sun zauna. Gishiri da tsami suna jan ruwa daga ganye, kafin rabin awa ya kwanta ya yi laushi. Mai shirin buɗa-baki da azumi ta wanke, ta yanka, ta rufe tun la'asar sakaliya, ta ajiye kwalbar haɗi a gefe, sai an kira magariba ta zuba ta juya daga ƙasa zuwa sama.

Idan ana so ya riƙe ciki, a yanka dafaffen ƙwai 2 a kai, ko a zuba dafaffen wake, ko zogalen da aka dafa aka matse ya huce. Garin ƙuli-ƙuli cokali 2 yana mayar da shi kusa da kwaɗon da muka sani, yara ma sun fi son sa haka. Sai dai a duba ƙuli-ƙulin, wanda ya yi fumfuna a zubar da shi, domin dafin fumfunar gyaɗa yana cutar da hanta. Salatin da aka riga aka haɗa kada ya wuce awa 2 a waje, kuma ba ya kwana. A haɗa daidai bakin masu ci.

Aikin gida

A rubuta sunayen kayan lambu biyar da aka gani a kasuwa a wannan mako. Sannan a yi wannan lissafi: wata mata ta je kasuwa da dala ɗari. Ta sayi salati na dala ashirin, tumati na dala talatin, karoti na dala goma, lemun tsami na dala biyar. Nawa ta kashe, nawa ya rage a hannunta? Ma'aunin ruwan haɗin da ke sama na mutum shida ne. Idan baƙi sun zo aka zama goma sha biyu, cokali nawa na mai za a zuba, nawa na lemun tsami?