Yadda za ka saka waƙa a fim ɗin ƙaramin gari har ta taɓa mai kallo

Duk wanda ya taɓa zama a ƙaramin gari ya san mutane ba sa faɗin abin da ke ransu. Kowa ya san kowa, mai shayin tasha ƙanin babarka ne, yarinyar da kake so jikar limamin unguwa ce, in ka yi magana da hantsi kafin azahar ta kai ƙofar gidan mai gari. Ga kuma kunya da kara. Uwa ba ta kiran sunan ɗanta na fari balle ta rungume shi a gaban jama'a, 'ya ba ta iya ɗaga ido ta ce wa babanta ba ta son wanda ya zaɓa mata. Toh in kana shirya fim mai dogon zango a kan irin wannan gari, kamar yadda Arewa24 suka yi da Daɗin Kowa, wannan shirun shi ne jarinka, kuma aikin waƙa shi ne ta faɗi abin da bakin jarumi ya kasa faɗa. Inda zai iya faɗa da bakinsa, ka bar shi ya faɗa, ka ajiye waƙarka.

Ka fara tun daga takarda kafin a fita lokeshan. Ku zauna kai da marubuci ku bi labarin fitowa-fitowa, kuna neman wuraren da mutum yake da magana fal a ciki amma al'ada ko tsoro ko girman wanda ke gabansa ya rufe masa baki, ku sa alama a nan. A kashi ɗaya mai tsawon minti 45 zuwa awa guda, wuri biyu ko uku sun isa, wallahi sun isa. Abin da ke ɓata yawancin fina-finanmu na YouTube shi ne edita ya shimfiɗa kiɗan tausayi tun daga farko har ƙarshe, ana gaisuwa kiɗa, ana sayen kalanzir kiɗa, sai a zo wurin da ya kamata mutum ya ji wani abu ya tokare masa maƙogwaro a tarar kunnensa ya riga ya gaji, kamar wanda aka cika wa koko da sukari aka kuma miƙo masa alewa.

Akwai kuma gadon da muka taso da shi. Tun shekarun 1990 da situdiyoyin Kano suka fara haɗa waƙoƙin fim da fiyanon Yamaha, tsarin shi ne labari ya tsaya cak, saurayi da budurwa su canza kaya su tafi lambu a yi minti biyar ana nanaye sannan a dawo. A zamanin kaset da faifan CD wannan ya yi aiki don waƙar ce ke sayar da fim ɗin tun daga talla, ba na raina shi. Amma fim mai dogon zango mutum yana bin sa ne mako-mako saboda ya yarda garin nan akwai shi, da ka ɗauke shi daga garin ka kai shi lambu kowa sanye da anko, ka tsinka masa zaren, shi kuma yatsansa na kan allon waya, turawa gaba zai yi. Ka bar labarin ya ci gaba da tafiya a ƙarƙashin waƙar.

Bari in ba ka misali. A ce Habu ɗan fari ne, zai tafi Legas cin rani, da asuba ya shigo ɗakin babarsa ya durƙusa ya ce, "Inna zan wuce." Ita tana tankaɗen gari, ba ta ɗago ba, ta ce, "To, Allah ya tsare, a dai kula da sallah." Shi kenan maganar. Ya tashi ya fita. In ka saki waƙa tun yana durƙusawa ka kashe wurin, don ka riga ka gaya wa mai kallo ya yi kuka kafin ya ga dalili. Ka bari a ji ƙarar rariya da carar zakara kawai, ya fita, kamara ta tsaya a kan hannunta, sai hannun ya daina motsi, ka ƙirga kamar daƙiƙa uku, a nan sarewa ko fiyano zai shigo a hankali, muryar mawaƙi kuma kar ta shigo sai an yanka zuwa Habu a bayan mota ya buɗe jakarsa ya tarar da ƙullin dakkuwa da 'yan kuɗi a ƙulle cikin tsumma waɗanda bai san lokacin da ta saka ba. Waƙa ta biyo bayan abin da ido ya gani, kar ta riga shi.

Abu na gaba, kuma ni a wurina shi ne ya fi komai, waƙar ta fito daga cikin garin. Ƙaramin gari cike yake da lasifika, rediyon mai shayi, MP ɗin ɗan acaba, shagon masu tura waƙoƙi a waya da ke bakin tasha, DJ a gidan biki, 'yan mata suna gaɗa a dandali da farin wata, har kiɗan da wayar mutum ke yi in an kira shi. In mai kallo ya fara jin waƙar daga rediyon teburin shayi, siririya tana shiga hayaniyar masu fira, zai karɓe ta a matsayin kayan garin, daga nan kana iya buɗe ta ta cika fim ɗin gaba ɗaya lokacin da kamara ta matso fuskar wanda abin ya dama. Yin sa ba wuya ko a manhajar haɗa bidiyo ta Premiere kake ko ta DaVinci Resolve: ka sa ikwalaiza, wato abin daidaita kauri da sirantar sauti, ka yanke duk abin da ke ƙasa da kamar 300Hz da abin da ke sama da kamar 4kHz, ka mayar da sautin mono, ka rage shi, sai ya zama kamar daga ƙaramar rediyo yake fitowa, sannan cikin daƙiƙa biyar ko shida ka janye yankan nan sannu a hankali. Mai kallo ba zai san me ka yi ba, zai dai ji kamar an shigar da shi cikin kan mutumin. Amma dan Allah a wurin ɗauka kar a kunna waƙar da gaske, a nuna rediyon kawai 'yan wasa su yi kamar suna ji, in ba haka ba za ta shiga makirfon ta cakuɗe da magana, edita kuma ba yadda zai yi ya raba su.

Wannan hanyar tana ba ka wata riba kyauta, tana nuna shekarun mutane ba tare da an faɗa ba. Uba yana zaure rediyonsa na sakin Shata da kalangu, kaka a cikin gida tana bin amadar Barmani Choge, yaron gidan kuma ya toshe kunne da iyafis yana jin hip-hop. Ka sa su a gida ɗaya ka bar sautukan su yi karo, rigimar gidan ta fito tun kafin kowa ya buɗe baki.

Sannan ka ɗaura wa mutum ɗaya ko soyayya ɗaya waƙa guda, ka riƙe ta har ƙarshen zango. Mutanen Amurka sun iya wannan. A Stranger Things, wanda shi ma labarin ƙaramin gari ne da suka kira Hawkins, sun ɗauko waƙar Kate Bush ta 1985 suka ɗaura wa yarinya ɗaya mai fama da baƙin cikin mutuwar yayanta, tana jin ta a kaset da abin kunne, ana ta maimaita ta, ranar da ta shiga tsaka mai wuya waƙar ce ta fito da ita, kuma a 2022 tsohuwar waƙar nan ta hau lamba ɗaya a Ingila. Abin lura shi ne sun fara sa mu saba da ita tukuna. Kai ma haka za ka yi, karon farko a ji ta cikakkiya ranar farin ciki, a ce ranar da Habu ya fara tare Saude a hanyar rijiya, karo na biyu kiɗan kawai ba murya, karo na uku ita da kanta tana rera amshin ƙasa-ƙasa tana wanke-wanke bayan an kawo lefen wani. Ranar kai amarya kuwa za ka gode wa Allah da ka yi wannan tanadi, don kowace amarya kuka take yi, mai so da marar so, ido ba ya bambancewa, amma da mai kallo ya ji layin fiyanon nan ya ratso ta ƙarƙashin guɗa da kiɗan DJ ya san wannan kukan ba na al'ada ba ne.

Don haka in ka je situdiyo kar ka karɓo fayil ɗaya ka taho. Ka ce mai kiɗa ya fitar maka da komai a rarrabe, murya daban, 'yan amshi daban, fiyano daban, ganga daban, a WAV, wato fayil mai cikakken ingancin sauti, ba MP3 da aka turo ta WhatsApp ba. Ka roƙi a yi maka wata sigar a hankali, bugu 60 zuwa 75 a minti, da kayan kiɗa ɗaya tak, gurmi ko kukuma ko sarewa, kuma in zai yiwu a kira mai busawa ko mai kaɗawa na gaske don sarewar cikin fiyano kunne na gane ta. Oto-tun ɗin da ke gyara muryar mawaƙi ma a sassauta masa a wannan sigar, muryar da ta ɗan karye ta fi shiga jiki a wurin kuka.

Baitocin kuma, ka zauna da mawaƙi ka hana shi ba da labarin fim ɗin. Mun ga an raba su, mun ga tana kuka, sai mawaƙi ya zo yana cewa an raba su tana kuka, toh me ya ƙara? Ka ba shi abu ɗaya daga rayuwar garin ya yi waƙa a kai, jiran motar kasuwa, damina da ta makara, rijiyar da ta ƙafe, ya bar mai kallo ya haɗa da kansa. Kuma kar a ambaci sunan jarumai ko sunan fim a ciki sai dai a waƙar buɗewa, don waƙar da rediyon mai shayi zai saka ba ta san Saude ba.

Wajen haɗa sauti doka ɗaya ce ba ta da sassauci, murya ba ta hawa kan murya. In ɗan wasa yana magana, muryar mawaƙi ta fita a bar kiɗa, kiɗan ma a danne shi da kamar 15 zuwa 20dB ƙasa da magana. Ka fitar da waƙa a ƙarshen layi ko ƙarshen amshi, ko ka sa wani abu na cikin fim ya katse ta, sallama a ƙofa, ko a ɗauke wuta rediyo ta mutu, wannan ya fi a ji ta tana dusashewa ba dalili. Ƙure ƙara ba ya amfani, YouTube da kansa yana rage duk abin da ya wuce wajen -14 LUFS a ma'aunin ƙarfin sauti. Kafin ka saki, ka tura kashin a ƙaramar wayar Android ka fita bakin titi ka saurara ba iyafis, nan ne masu kallonka suke, in bes, wato sauti mai kauri, shi ne ke ɗauke da tausayin toh a waya ba za a ji komai ba, sai ka mayar da nauyin kan sarewa ko fiyano.

Wuraren da ba a sa waƙa kuwa kai ma ka san su, kan kiran sallah, kan karatun Alƙur'ani, wurin jana'iza da zaman makoki. Ko ba don hukuma ba, mai kallo zai ji haushinka. A nan sautin garin ya ishe ka, takun masu dawowa daga maƙabarta, tabarma ana shimfiɗawa, injin markaɗe can nesa. In kana son waƙar mamacin ta dawo, ka jira sai bayan sadakar uku, lokacin da mutane suka watse ƙaninsa ya kunna wayarsa.

Saura maganar da 'yan fim ba sa son ji, haƙƙin mallaka. Dawson's Creek, wani fim ɗin ƙaramin gari na Amurka da aka fara a 1998, sai da aka cire masa waƙar buɗewarsa ta asali a faifan DVD da kuma lokacin da ya hau Netflix saboda izinin da suka saya bai kai nan ba, masoyansa suka yi ta ƙorafi. In haka ta samu masu kuɗi, kai da ka ɗauko waƙar wani don kawai kuna gaisawa fa? Content ID na YouTube, wato tsarin da ke gano waƙar wani a cikin bidiyo, ba ya sanin abota, da ya ji waƙar da aka yi wa rajista zai iya karkatar da kuɗin tallan kashin gaba ɗaya zuwa ga mai ita, ko a toshe bidiyon, kuma Najeriya tana da sabuwar dokar haƙƙin mallaka da aka sa wa hannu a 2023. Tsofaffin waƙoƙin da na ce a sa a rediyon zaure su ma suna da magada, a nemi izininsu. Ku rubuta takarda ko da shafi ɗaya ne, a faɗi waƙa kaza, a fim kaza, talabijin da YouTube da duk wata manhaja, na tsawon shekara nawa, mawaƙi ya sa hannu, mai kiɗa ma ya sa nasa don shi ma yana da haƙƙi. In mawaƙin zai ɗora waƙar a Audiomack ko Spotify ta hannun kamfanin rarrabawa, ya gaya musu tun wuri su cire tasharka daga waɗanda za a kama. In kuma a Kano kake aiki, ka kai kashin Hukumar Tace Fina-finai da waƙoƙinsa a ciki yadda za a sake shi, don a 2025 sai da ta dakatar da fina-finai masu dogon zango 22 a kan sakin su ba tare da an tace ba.