Kurakuran da Muke Yi Wajen Ƙarfafa wa Yaran Manyan Azuzuwan Firamare Gwiwa

Ɗan aji huɗu zuwa shida, mai shekara tara zuwa goma sha biyu, ba kamar ɗan aji ɗaya ba ne da za ka ce masa "madalla" ya wuni yana murna. Shi ya fara auna magana. Ya san wanda ya fi shi lissafi a ajin, ya kuma san yabon da ya fito daga zuci da wanda aka yi don cika baki. Yawancin kurakuranmu, mu malamai da iyaye, daga nan suke tasowa: yaron ya girma, maganarmu ba ta girma da shi ba.

Kuskuren da ya fi yawa, kuma ya fi wuyar ganewa saboda daɗinsa a kunne, shi ne yabon ƙwaƙwalwa. "Kai haziƙi ne." "Ke kam akwai kai." Wa zai ce wannan laifi ne? To, a 1998 Claudia Mueller da Carol Dweck na Jami'ar Columbia a Amurka sun fitar da binciken da suka yi kan yaran aji biyar sama da 400. An ba yaran wasu tambayoyi masu sauƙi, sai aka yaba wa wasu da cewa suna da ƙwaƙwalwa, wasu kuma da cewa sun dage. Da aka ba su zaɓin aiki na gaba, akasarin waɗanda aka yabi ƙwaƙwalwarsu suka ɗauki mai sauƙi. Da aka ba kowa aiki mai wuya suka faɗi, su ne suka fi karaya, sakamakonsu na ƙarshe ya yi ƙasa da na farko, na waɗanda aka yabi dagewarsu kuwa ya ƙaru. Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne, kusan kashi 40 cikin 100 na waɗanda aka yabi ƙwaƙwalwarsu sun ƙara wa kansu maki da aka ce su faɗi abin da suka ci. Ashe yabo ma yana iya koya wa yaro ƙarya. Dalilin ba boyayye ba ne: ka ɗora masa rawani, yanzu duk tambaya mai wuya iska ce da za ta iya tuɓe shi.

Gyaran shi ne ka faɗi abin da idonka ya gani. "Na lura ka sake lissafin nan sau uku har ka gano cewa a wurin rabawa ka kauce." "Wannan labarin da kika rubuta, farkonsa ya sa na ƙagu in ji ƙarshe." Irin wannan magana tana nuna wa yaro abin da zai maimaita gobe, kuma ba ta yiwuwa sai ka duba aikin da gaske. Yara suna gane hakan.

Sai dai wasu sun ji wannan darasi rabi da rabi, suka mayar da "ƙara ƙoƙari" maganin kowace cuta. Ita kanta Dweck ta yi kashedi a kan haka a 2015. Ka ɗauki yarinyar da ta kwana uku tana haddar jadawalin ninkawa, ta zo ta faɗi jarrabawa, ka ce mata ta ƙara ƙoƙari. Me za ta ƙara? Abin da za ta ji shi ne, iyakar ƙarfinta ke nan, bai kuwa isa ba. Nan ba ƙoƙari ya gaza ba, hanya ce. Tambaye ta: "Nuna mini yadda kika yi." Wataƙila tana rera lambobin ne ba ta san cewa bakwai sau takwas jere bakwai ne na abu takwas-takwas ba. Sannu ba ta hana zuwa, gaskiya ne, amma ga wanda ya kama hanyar garin.

A ɓangaren tarbiyya kuwa, babbar matsalarmu yawan wa'azi. Mu tara yara mu yi ta "ku zama masu gaskiya, ku zama masu tsabta" har idanunsu su koma taga. A 1975 Richard Miller da abokan aikinsa biyu sun gwada wannan a kan 'yan aji biyar a Chicago. Ɗaya daga cikin azuzuwan an yi kwanaki ana yi masa nasiha kan illar zubar da shara. Ɗayan kuma an yi ta gaya masa cewa ai su aji ne mai tsabta. Da aka dawo daga baya aka duba, ajin da aka kira mai tsabta shi ya ci gaba da kai shara kwando, tasirin nasiha kuwa bai daɗe ba.

Mai karatu zai ce, to yaya aka hana ni cewa "kai haziƙi ne" aka kuma yarda in ce "kai mai gaskiya ne"? A ganina bambancin yana ga zaɓi. Gaskiya abu ce da yaro zai iya zaɓa kullum, ko da ya faɗi jarrabawa. Hazaƙa kuwa, yadda muke faɗinta, kamar tsawo ce, ko kana da ita ko ba ka da ita. Sharaɗi ɗaya ne: sunan ya biyo bayan aiki. Ya tsinci alƙalamin wani ya mayar, sai ka ce, "Ka mayar da abin da ba naka ba alhali ba wanda ya gan ka, haka mai amana yake yi."

Wuƙar nan kuma baki biyu gare ta. Yadda suna mai kyau ke kama yaro, haka "daƙiƙi", "malalaci" da "maƙaryaci" ke kama shi, sun ma fi saurin mannewa, don 'yan ajin za su ɗauka su ci gaba da kiransa bayan kai ka manta. Magana zarar bunu ce. Ka ce "abin da ka faɗa ba gaskiya ba ne," ka bar masa ƙofar dawowa, kuma ka faɗa a keɓe. A wannan shekarun, kunya a gaban tsara ta fi kowane horo zafi, kuma ba ta cika haifar da gyara ba sai taurin kai.

Kwatantawa ba ta buƙatar dogon bayani. "Dubi yayarka" bai taɓa sa ƙani ya so karatu ba, ya dai sa ya ji haushin yayar. Kwatanta shi da kansa: buɗe littafinsa na farkon zango, ajiye kusa da na yau.

Akwai kuma ƙaramar kalma da ke cinye yabo ɗungurungum, wato "amma". "Ka yi kyau, amma rubutunka kamar tafiyar kaza." Yaro ba ya tafiya gida da rabin farko. Idan gyaran ya zama dole, ka raba su, ko ka sa shi ya nemo da kansa: "Wane layi kake ganin zai ba mai karatu wahala?"

Na bar na ƙarshe don ya fi shafarmu. Muna lika kyawawan kalmomi a bangon aji cewa kuskure matakin koyo ne, sai yaro ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, amsar da ke allo ba daidai ba ce," mu haɗe rai. Yara talatin ko arba'in suna kallon fuskarka a wannan lokaci, suna jiran su ga ko abin da ke bango gaskiya ne. Ka juya ka duba allon. In yaron ne da gaskiya, ka ce, "Haka ne, na yi kuskure, zo ka nuna mana inda na kauce," ka miƙa masa allin.