Kurakuran Sababbin Masu Tace Fim Ɗin Gwaji

Na gaji da ganin sababbin editocin fim ɗin gwaji, wato fim ɗin da ke kauce wa salon da aka saba, suna faɗawa ramin da na taɓa faɗawa, shi ya sa na zauna na rubuta wannan.

Babban kuskuren shi ne saurin firem, wato yawan hotunan da ke wucewa a daƙiƙa ɗaya. A farkon aikina wata darakta ta kawo mini hotunan da ta ɗauka da kyamarar Super 8, wadda yawanci firem 18 take ɗauka a daƙiƙa. Ni kuwa na buɗe aikin a kan firem 25, ban tambayi kowa ba. Komai ya ƙara sauri da kusan kashi 40 cikin ɗari. Mako uku ina yanka, ina daidaita sauti, mutane suna tafiya kamar ana korar su, ni ina cewa ai salon gwaji ne! Ranar da ta kalla sai ta yi shiru, can ta ce, "Wa ya ce ka hanzarta mini fim?" Aikin mako uku ya tashi a banza. Tun daga ranar ba na buɗe manhajar tace fim ta DaVinci Resolve sai na ji saurin firem daga bakin mai kyamara da wanda ya yi sikanin fim ɗin zuwa kwamfuta.

Na biyu ya fi ba ni haushi: cika fim da ado. Ka juya launi, ka ɗora hoto uku a kan juna, ka girgiza allo, wai kai mai gwaji. Haba malam! Sama da shekara 100 ke nan da mai shirya fim Lev Kuleshov ya nuna a Rasha cewa fuska ɗaya, idan aka haɗa ta da akwatin gawa sai a ga baƙin ciki, idan aka haɗa ta da mace a kishingiɗe sai a ga sha'awa. Ƙarfin yana wurin yankan. Ni dai dokata ita ce in gama jera fim ɗin tsurarsa tukuna, in kalle shi ba sauti. In bai riƙe ni ba, ado ba zai cece shi ba. Wasu abokan aiki suna cewa na cika tsauri, to na ji.

Sauran ƙanana ne. Kada ka bar sauti sai ƙarshe. Daina sa wa fayil suna "na ƙarshe" sau bakwai, rubuta kwanan wata. Ajiye aikinka a faifai biyu, ɗaya a wani ɗakin daban. Kuma kafin ka miƙa, kalle shi a babban allo cikin duhu, don yankan da ya yi daidai a kwamfuta kan yi gaggawa a bango.