Kafin ka zuba mai a buwat, san irin wadda ke cikin motarka

Yawancin motocin da ke yawo a Yamai an riga an yi amfani da su a waje, sun biyo ta Lome ko Kwatano ba tare da littafinsu ba. Nan ake kuskure: a ga P, R, N, D a jikin sandar giya, a ce otomatik ce, a zuba mata jan mai.

Fara duba ƙafa. Feda 3, akwai ambirayaj, buwat ta hannu ce, kuma 75W-90 yawanci ke mata. Feda 2 kuwa, da sauran aiki, don iri uku ne ko fiye.

In sandar ba ta da P, sai R, N, E da M, kamar a wasu Yaris da Corolla na Turai, to MMT ce: buwat ta hannu da na'ura ke taka wa ambirayaj. Man ta hannu take sha.

A Toyota, buɗe ƙofar direba ko murfin inji, nemi takardar da ke ɗauke da lambar mota mai haruffa 17. Akwai wurin da aka rubuta A/TM ko TRANS/AXLE. Lambar da ta fara da A ko U, irin A245E da U341E, otomatik ce ta gargajiya, mai shan man Dexron, T-IV ko WS. K, irin K310, CVT ce, wato otomatik mai bel. C, irin C50, ta hannu. P kuma ta mota mai batir da inji ce, irin Prius.

CVT ɗin ce ba ta yafiya. Bel ne na ƙarfe tsakanin faifai biyu, ba haƙoran giya ba. In aka sa mata man otomatik, bel ya riƙa sulɓewa yana kankare faifan, ga zafin Afrilu da ya wuce digiri 40. Gyaranta sau da yawa sauya buwat ne ɗungurungum. Nata man TC ko FE ne a Toyota, NS-2 ko NS-3 a Nissan.

Tuƙi ma na tona asiri. Taka totur a miƙaƙƙiyar hanya: in allurar inji na hawa tana faɗowa, giya ce ke shiga. In ta tsaya cak gudu na ƙaruwa, CVT ce.

Sai dai takardar ƙofa ba ta san an taɓa sauya buwat ba. A tsohuwar mota, sa makanike ya goge jikin buwat ɗin ya karanta lambar da ke kanta.